Littafin Girkin Ƙasashen Tatsuniya

Littattafan duniya iri biyu ne. Akwai waɗanda aka rubuta aka buga, akwai kuma waɗanda har yanzu suna cikin zukatan mutane, ba su gamu da alƙalami ba. Yau labarin ɗaya daga cikin na biyun mu ke so mu ba ku, ya ku 'yan makaranta. Kada wani ya wahalar da kansa wajen nemansa a kanti ko a ɗakin karatu, gama babu shi. Mu malamai ne dai muka daɗe muna ƙulla shi muna kwancewa a tsakaninmu, har muka raɗa masa suna Littafin Girkin Ƙasashen Tatsuniya.

Ga abin da mu ke nufi da shi. A ce wani mai haƙuri ya bi tatsuniyoyin duniya duka, namu da na Larabawa da na Turawa, duk inda aka ambaci abin ci ko abin sha a wata ƙasa wadda ba a zuwa da ƙafa, ya tsamo shi ya rubuta, ya jera su babi babi, yadda a ke jera littafin koyon girki. Ba mu sa abincin Aljanna a ciki ba, domin wannan al'amarin addini ne, ya fi ƙarfin wasan alƙalami. Abin da ɗan Adam ya ƙaga da kansa kaɗai mu ke magana. To, da an yi wannan littafi, me za a tarar a ciki, me kuma zai koya mana? Bari mu buɗe muku shi tun daga farko.

Babi na ɗaya shi ne na ƙasashen yalwa, shi ne kuwa zai fi sauran kauri. Mutanen Turai na zamanin da suna da labarin wata ƙasa da Faransawa ke kira Kokanye, mutanen Holanda kuwa suna kiranta da wani suna mai ma'anar ƙasar lalaci da daɗin baki. Wai can, da abinci a ke rufin ɗaki, da nama a ke shinge, koguna kuwa madara ce ke gudu a ciki. A shekarar 1567 wani gwanin zane mai suna Pieter Bruegel, mutumin ƙasar da yau a ke kira Beljiyam, ya zana ta. Cikin zanen ga mutum uku kwance a gindin itace, ciki ya yi musu nauyi sun kasa tashi, ga dafaffen ƙwai da ƙafafu yana yawo, ga gasasshen alade yana tafe ɗauke da wuƙar da za a yanke shi. Wanda ke son shiga ƙasar kuwa, sai ya fara cinye hanya ta cikin wani dutsen fate tukuna. An ce kuma gasassun tsuntsaye ne ke tashi a sararin ƙasar, mutum ya buɗe baki kawai su faɗa. Da jin wannan kun tuna da maganar Hausawa, tsuntsu daga sama gasasshe. Bahaushe bai ji daga Bature ba, Bature kuma bai ji daga Bahaushe ba, amma ga shi mafarkinsu ya zo ɗaya.

A cikin wannan babi ne za mu sa tatsuniyar nan ta Ruwan Bagaja, watau wadda tsofaffi ke yi wa yara da dare. Yadda muka ji ta a bakin kakanninmu, 'yar Bora ce aka kora ta tafi neman ruwan Bagaja, ta yi ta cin karo da koguna a hanya, wannan na tuwo da miya, wancan na fura, na gaba na zuma, ko wanne yana kiranta ta tsaya ta ci, ita kuwa tana wucewa. Da ta isa inda za ta, aka ba ta ƙwayar shinkafa ɗaya da ƙashi guda aka ce ta dafa. Ba ta raina ba, ta zuba a tukunya, sai ga tukunya ta cika da shinkafa da nama. Jamusawa ma suna da irin wannan tukunya. Cikin tatsuniyoyin da wasu 'yan'uwa biyu masu suna Grimm suka tattara, waɗanda suka fara bugawa a 1812, akwai labarin wata yarinya matalauciya da wata tsohuwa ta ba tukunya mai dafa faten wani irin gero na ƙasarsu da kanta, in an faɗa mata wata kalma. Wata rana yarinyar ba ta nan, uwarta ta sa tukunya aiki, amma ba ta san kalmar da a ke tsai da ita ba. Fate ya yi ta tumbatsa, ya cika ɗaki, ya cika titi, har ya kusa binne gari.

Babi na biyu na manya ne da ƙanana. Nan za ku sami ƙwan tsuntsu Rukku, wanda Sindibad na cikin Dare Dubu da Ɗaya ya hango daga nesa ya zaci farar ƙubba ce, da ya kewaya shi ya ƙirga taki hamsin. A wata tafiyar tasa fatake abokan tafiyarsa suka fasa irin wannan ƙwai suka yanka ɗan tsuntsun suka ci, Sindibad yana hana su. Iyayen suka zo ɗauke da duwatsu a ƙafafunsu, suka saki bisa jirgin, ya wargaje. Nan kuma za ku sami ƙasar Lilifut, ta cikin littafin tafiye-tafiyen Gulliba da Jonathan Swift ya buga a 1726, inda tsawon mutum inci shida ne. Masu dafa abinci 300 aka sa su riƙa ciyar da baƙon nan nasu. Masu lissafin sarki kuwa suka auna suka ga ya fi su tsawo sau 12, suka ce ashe kauri da faɗi ma haka ne. Ku ɗauki allo ku buga 12 sau 12 sau 12, za ku sami 1,728, watau cikin Gulliba ɗaya daidai ya ke da cikin mutanen Lilifut masu wannan yawa. Cikin littafin nan dai akwai wani tsibiri mai yawo a sama, Lafuta, wanda mutanensa lissafi ya cinye musu hankali, har naman da a ke kawo wa baƙo sai an yanka shi mai kusurwa uku daidai wa daida.

Babi na uku shi ne na abincin da ke sāke mai cinsa. Cikin littafin da Lewis Carroll ya buga a 1865, wata yarinya mai suna Alis ta faɗa rami ta sami kanta a wata duniya. Ta sha abin da ke cikin wata kwalba, ta ƙanƙance, ta ci wata 'yar waina, ta miƙe har kanta ya taɓa rufi. Girkawa na da kuma suna da labarin wani jarumi Odisiyas, wanda jirginsa ya sauka ƙasar wasu mutane masu cin 'ya'yan wani tsiro. Duk wanda ya ɗanɗana cikin mutanensa sai ya manta da gida, ya ce shi nan zai zauna, har sai da aka ja su zuwa jirgi suna kuka aka ɗaure. Sindibad ma a tafiyarsa ta huɗu ya faɗa hannun wasu mutane da suka ba abokansa wani abinci, hankalinsu ya gushe, suka yi ta ci kamar shanu suna ƙiba, ashe kiwonsu a ke yi don a yanka. Shi da ya kame bakinsa ya rame, ramar ce ta cece shi. Gizo namu kuwa ai shi ne limamin wannan babi. Kun tuna ranar da hankaki suka ara masa gashi suka tafi da shi cin ɓaure a tsakiyar kogi, ya hana kowa taɓa nunanne, suka karɓe gashinsu suka bar shi bisa itace. Darasin babin duka ɗaya ne, kwaɗayi mabuɗin wahala.

Babi na huɗu gajere ne, labari ɗaya tak ke ciki, shi ma daga Dare Dubu da Ɗaya. Wani matalauci, ɗan'uwan wanzami, yunwa ta kai shi gidan wani attajiri daga zuriyar Barmakawa. Attajiri ya marabce shi, ya ce a kawo ruwan wanke hannu, ya shiga murza hannu a iska. Ya ce a kawo gurasa, a kawo nama, a kawo kaza da kaza, alhali babu abin da aka kawo. Yana ta tauna iska yana yabon girkin, yana cewa baƙo ya ƙara. Matalauci ya biye masa, shi ma ya yi ta tauna. Da aka zo kan abin sha na ƙarya, ya yi kamar ya bugu, ya ɗaga hannu ya kai wa mai gida duka. Mai gida ya fashe da dariya, sa'an nan ya sa aka kawo abinci na gaske. Romon baka ke nan, wanda ba ya cika ciki.

To, littafi ya ƙare. Yanzu sai mu rufe shi mu yi tunani, gama karatun da babu tunani a bayansa ɗaukar kaya ne kurum. Abu uku muka lura da su.

Na farko, duk faɗin duniyoyin nan babu inda aka ƙago sabon ɗanɗano. An ƙara yawa, an ƙara girma, an ba abinci ƙafafu da fukafukai, amma da za ka sa a baki, abin da ka sani ne. Kogin Bahaushe na fura ne, dutsen Bajamushe na fate ne, ƙwan Rukku kuwa, duk girmansa, ƙwai ne. Shi kansa Lewis Carroll, da ya zo faɗin daɗin abin da ke cikin kwalbar Alis, ba abin da ya iya sai lissafa kayan daɗin Ingilishi na zamaninsa, su abarba da gasasshen talotalo da alewa da burodi mai man shanu. Mun taɓa gwada wannan a aji. Muka ce ko wane yaro ya rubuta insha'i a kan walimar sarkin wata ƙasa da ke ƙarƙashin teku, ya saki hankalinsa yadda ya ga dama. Da muka tattara takardu muka duba, yara sun yi ƙoƙari ƙwarai wajen akusa, wani ya ce na zinariya ne, wani ya ce na lu'ulu'u, wani ya sa kifaye su ne barori. Amma da aka buɗe akusan, shinkafa ce da miya da naman kaza, sai wani yaro da ya ƙara da funkaso. Abin da su ke gani ran Salla suka kai ƙarƙashin teku. Ba mu rage wa kowa maki ba, don manyan marubutan duniya ma iyakarsu ke nan. Ido ya kan yi mafarkin abin da bai taɓa gani ba, amma harshe ba ya tuna abin da bai taɓa lasa ba.

Na biyu, ƙoshi bai haifi labarun nan ba, yunwa ce uwarsu. Wanda rumbunsa ke cike ba ya mafarkin kogin tuwo. Turawan da suka ƙaga Kokanye mutane ne waɗanda suka san fari da ambaliya. Daga 1315 zuwa 1317 ruwan sama ya ɓata amfanin gona a arewacin Turai, aka yi yunwar da ta kashe mutane ba iyaka. Labarin nan na Grimm na yara biyu da suka tarar da ɗakin da aka gina da burodi da sukari a tsakiyar daji, ku duba farkonsa, za ku ga iyayensu ne suka kai su dajin suka yar, saboda babu abin da za a ci a gida. Mu ma nan ƙasar kakanninmu sun ga yunwar 1913 zuwa 1914, wadda a ke kira Kakalaba, iyayenmu kuma sun ga farin 1972 zuwa 1974. Tsohuwar da ke ba jikokinta labarin ƙwayar shinkafa ɗaya da ta cika tukunya, ta san daren da aka ɗora tukunyar ruwa zalla a murhu don yara su yi barci da sa rai. Saboda haka in kun ga wata al'umma ta zuba wani abu cikin tukunyar tatsuniya, ku leƙa tukunyarta ta gaske, shi ne abin da ya yi ƙaranci.

Na uku shi ne ya fi muhimmanci, shi ne kuma dalilin da ya sa littafin nan ba zai taɓa rubutuwa ba. Littafin girki na gaske, a ƙarƙashin sunan ko wane abinci akwai bayani, a auna kaza, a jiƙa, a dafa har lokaci kaza. To, ku koma cikin babi huɗun nan ku nemo mana wannan bayani. Babu. Wa ya surfa geron da aka dama kogin fura? Wa ya yo itacen da aka gasa tsuntsayen Kokanye? Tatsuniya ta yi shiru. Abin da masu mafarkin nan su ke gudu shi ne ainihin abin da littafin girki ke koyarwa, watau wahalar da ke tsakanin gona da baki: sussuka da shiƙa, surfe da daka, niƙa da tankaɗe, ɗibar ruwa da hura wuta, da hayaƙin da ke sa ido hawaye. Da mai haƙurin nan namu ya gama tattarawa, sai ya ga yana da sunaye dubu da shafuffuka farare a ƙarƙashinsu. Walimar Barmaki ke nan aka ɗinke da zare aka yi wa bango. Masu iya magana sun ce gani ba ci ba, da kare bai kwana da yunwa ba.

Wataƙila wani yaro mai kaifin hankali zai ce, to Malam, da a ce akwai wata duniyar da gaske, aka kawo abincinta, ai da mun sami sabon ɗanɗano. Madalla da wannan tambaya. Amsarta kuwa ita ce an taɓa yi, ba a tatsuniya ba, a tarihi. A shekarar 1492 Kolombus ya ƙetare tekun Atilantika ya isa ƙasashen da yau a ke kira Amurka, waɗanda mutanen Turai da Afirka da Asiya ba su da labarinsu, har suka riƙa kiransu Sabuwar Duniya. Daga can ne masara ta fito, da rogo, da gyaɗa, da tumatir, da barkono, da dankali, da gwanda, da abarba. Kafin wannan lokaci babu Bahaushen da ya taɓa tauna ƙuli-ƙuli. Yajin kakanninmu na can baya masoro ne da citta da kimba, hatsinsu gero da dawa da acca, miyarsu kuka da kuɓewa da yakuwa. Yau ga shi wanda aka ba tsire babu barkono babu garin ƙuli sai ya ce an cuce shi, alhali su biyun baƙi ne daga wata duniya.

Amma ku dubi abin da ya faru ga waɗanda suka karɓi baƙon abinci ba su karɓi bayaninsa ba. Mutanen Meksiko, masu asalin masara, tun fil azal sai sun dafa ta da ruwan toka ko na farar ƙasa kafin su niƙa. Turawa suka ɗauki irin suka bar dabarar. Ashe tokar nan ita ke kwance wani amfani da ke ɗaure cikin ƙwayar masara, wanda jiki ba ya iya rayuwa sai da shi. Cikin ƙarni na 18 talakawan Sifen da na arewacin Italiya, waɗanda masara ta zama kusan ita kaɗai ce cimarsu, suka kamu da wata cuta mai sa fata ta yi kaushi ta tsage, ciki ya ɓaci, daga baya hankali ya taɓu. Sai cikin ƙarni na 20 likitoci suka gane tushenta sosai. Rogo ma haka. Akwai irinsa mai ɗaci wanda ke da guba, in aka ci shi yadda aka tono shi yana iya kisa. Mutanen Barazil na asali su suka san yadda a ke ɓare shi, a goge, a matse ruwan, a gasa garin. Fotugis suka kawo rogo Afirka cikin ƙarni na 16, amma a Afirka ta Yamma bai bazu sosai ba sai cikin ƙarni na 19, sa'ad da 'yantattun bayi suka komo daga Barazil da sanin sarrafa shi. Garin kwakin da ku ke jiƙawa da sukari a makarantar kwana, jikan wannan sani ne. Kun ga ashe iri ba ya isa, sai da ilmin da ke tare da shi.

A zamanin nan kuma ɗan Adam ya leƙa wata duniyar ta biyu, watau sararin sama. Ran 12 ga Afrilu 1961 Yuri Gagarin, mutumin Rasha, ya zama na farko da ya kewaya duniya daga can. Bai tarar da gasasshen tsuntsu ba. Guzurinsa daga gida ya tafi da shi, niƙaƙƙen nama cikin 'yan kwanso irin na man goge baki, yana matsawa a baki. Can abu ba shi da nauyi, in ka saki lomarka sai ta yi ta shawagi a gabanka kamar ƙwan nan na Bruegel, amma wannan abin damuwa ne ga masu tafiyar. A 1965 wani Ba'amurke mai suna John Young ya ɓoye burodi da nama a aljihu ya hau da shi, da aka gutsura sai ɓarɓashi ya watsu cikin jirgi, aka ji tsoron kada ya shiga na'urori, har maganar ta kai majalisar ƙasarsu. Don haka ne gishirin da a ke kai wa tashar nan da ke kewaya duniya, wajen kilomita 400 bisa kanmu, narkakke ne cikin ruwa, a ɗiga shi a ke yi. A 2015 mazauna tashar suka ci ganyen latas da suka shuka can, a 2021 kuma suka girbi barkono. Masana da yawa sun yi shekaru suna wahala kafin a sami wannan ɗan ganye da uwar ko wane ɗayanku ke tsinkowa a bayan ɗaki. Ko a sama, da ruwan ciki a kan ja na rijiya.

To, tun da littafin ƙasashen tatsuniya ba ya rubutuwa, wane ne ke rubutuwa? Shi ne na ƙasar da mu ke takawa. Mutanen da suka riga mu sun san darajar wannan aiki. A Jami'ar Yale ta Amurka akwai wasu allunan yumɓu daga ƙasar Babila, waɗanda aka rubuta wajen shekara 1750 kafin haihuwar Annabi Isa. Ɗaya daga ciki yana ɗauke da bayanin girki 25, galibinsu romon nama da albasa da tafarnuwa. A Bagadaza kuma, cikin ƙarni na 10, wani malami mai suna Ibn Sayyar al-Warraƙ ya tattara girke-girke fiye da 600 cikin littafi ɗaya. Birnin da ya ba mu labarin walimar iska, shi ne kuma ya bar mana bayanin walimar gaske, mudu da awo. Daular ta shuɗe, fadojin sun rushe, amma mai so yau yana iya ɗaukar littafin ya dafa abin da halifofi suka ci.

Mu fa? An yi 'yan littattafan girki da Hausa, muna kuwa gode wa waɗanda suka yi. Amma mafi yawan sanin yana nan inda ya ke tun da, cikin kawunan iyayenmu mata da kakanninmu, kullum kuwa ana binne wani sashe nasa. Cikinku wa zai iya faɗin yadda a ke mai da kalwa daddawa, tun daga doguwar dahuwar farko, da cire ɓawo, da wanki, da rufewa kwana biyu ko uku har ta yi warin da a ke so, da kirɓawa da shanya? Wa ya san dalilin da a ke jefa kanwa cikin wake, ko yadda a ke gane dawo ya nuna kafin a kirɓa fura? Akwai kuma sani mafi tsada, wanda ba a tunawa da shi sai ran baƙin ciki. Tsofaffin da suka ga fari sun san yadda a ke jiƙa 'ya'yan anza kwana da kwanaki ana sāke ruwa har ɗacin ya fita, sun san yadda a ke fid da ƙwaya daga ƙarangiya, sun san ganyen da a ke ci da wanda ba a kusanta. Wannan ilmi ya tsai da rayuka a shekarun da rumbuna suka bushe. In ya ɓace, ranar da aka sāke bukatarsa za mu zama kamar matar nan mai tukunya, ga kaya a hannu, babu kalmar da a ke faɗa masa.

Saboda haka ga aikin da mu ke roƙonku, ku da ke makarantun gwamnati da ku da ke na mishan, maza da mata. In an ba da hutu kun koma gida, ko wannenku ya sami ɗan littafin rubutu, ya zauna kusa da murhu wajen Inna ko Kaka ko Gwaggo, ya gaishe ta da ladabi, ya roƙe ta ta koya masa abinci ɗaya tak. Ku rubuta kome da kome, yawan mudu, yawan ruwa, irin itacen da ya fi, abin da a ke fara zubawa da abin da a ke bari ƙarshe. In ta ce a zuba gishiri daidai, kada ku bar ta nan, ku ce ta nuna muku a tafin hannu ku auna da cokali. Ku tambaye ta wa ya koya mata, a wane gari, da abin da su kan ci in shekara ta yi tsanani. Kada wani saurayi ya ce madafa wurin mata ne. Mai tsire da mai kilishi da mai shayi duk maza ne, kuma wanda bai ji kunyar miƙa hannu cikin akushi ba, bai kamata ya ji kunyar sanin yadda aka cika shi ba. Kada kuma wanda ya iya Turanci ya raina abin gida yana hangen na cikin gwangwani, wannan kallon kitse ne a ke yi wa rogo.

Ba mu ce ku bar tatsuniya ba. Ku karanta Sindibad, ku karanta Gulliba, ku sa tsofaffi su maimaita muku Gizo da Ƙoƙi har ku haddace, domin hankalin da ba ya yawo ba ya girma. Wanda ma Allah ya nufa da zama marubuci a cikinku, ya ƙago mana ƙasashen da ba mu taɓa ji ba, zai ga wannan ɗan littafin hutu ya yi masa rana, gama wanda ya san yadda ƙamshin daddawa ke tashi sa'ad da ta faɗa tafasasshen ruwa, shi ne zai iya sa mai karatu ya haɗiyi yawu a kan miyar sarkin aljannu. In ko wane ɗayanku ya kawo shafi guda, aji ɗaya ya isa ya haɗa littafin da jikokinku za su buɗe su ɗora tukunya, su ci su ƙoshi, su yi wa tsohuwar da ta faɗa da yaron da ya rubuta addu'a.

Allah ya ba mu damina mai albarka, ya kiyashe mu da yunwa, ya sa albarka cikin karatunku. Haza wasalam.